Ƙanena ya faɗi bayan feshin wake, likita ya ce kolinajik kiraisis ne: ina neman bayani

Malamin Firamare, Daura

Assalamu alaikum. Ina roƙon waɗanda Allah ya hore wa ilimin likitanci a wannan zaure su warware mini wani al'amari da ya same mu shekaranjiya, domin har yanzu hankalin gidanmu bai kwanta ba.

Ƙanena, matashi mai shekara 24, ya tafi feshin wake a gonarmu da ke hanyar Sandamu. Bai fita da wuri ba sai da rana ta ɗaga, kuma kun san irin zafin da ake yi a ƙarshen damina. Daga baya muka gane cewa murfin tankin da ya goya ya tsage, maganin yana tsiyaya a bayansa tun daga kafaɗa har ƙugu, shi kuwa ya ɗauka zufa ce. Yaron da ya raka shi ya ce sau biyu bakin famfon yana toshewa, shi kuma yana sa baki yana hurawa. Ya dawo gida bayan azahar yana cewa kansa na ciwo, yana kuma gani dishi-dishi. Kafin la'asar ya fara amai da gudawa, miyau yana dalala daga bakinsa, hawaye na zuba alhali ba kuka yake yi ba. Abin da ya fi tsorata ni shi ne naman cinyarsa da na fuskarsa da ke motsi su kaɗai a ƙarƙashin fata, da ƙarar da ƙirjinsa ke yi kamar tukunyar talge a kan wuta.

Mahaifiyarmu ta ce iska ce, wani maƙwabci ya ce farfaɗiya ce, wani kuma ya kawo madara da manja aka ɗura masa. Mun ɓata fiye da awa ɗaya a haka kafin mu sami mota. A asibiti likita ya ɗaga fatar idonsa ya haska, ya nuna mini yadda baƙin tsakiyar idon ya tsuke kamar tsinin allura, ya ce a cire masa kaya a wanke shi, sannan suka shiga yi masa allura ba ƙaƙƙautawa. Da idona na ƙirga fasassun kwalaben allura fiye da 30 a cikin tire. Ya ce sunan abin kolinajik kiraisis.

Mene ne ainihin wannan ciwo, kuma me ya sa aka yi masa allura mai yawa haka? Jiya da dare ya yi ta sambatu yana fizgar robar ƙarin ruwa, amma yau ya dawo hayyacinsa har yana neman fura, kuma mahaifiyarmu ta matsa a dawo da shi gida saboda kuɗi, su kuwa sun ƙi sallamarsa. Shin akwai dalilin riƙe shi? Sannan ina so a gaya mini gaskiya game da madara da manjan da muka ba shi.

Likita a Katsina

Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya ba shi lafiya, ya sa kaffara ne. Ba ni nake duba shi ba, don haka maganar likitansa tana gaba da tawa, amma abin da ka bayyana sananne ne ga duk wanda ya yi aikin sashen agajin gaggawa a ƙasar noma.

Idan jijiya za ta umarci tsoka ta motsa, ko ta umarci jiki ya fitar da miyau ko zufa, tana sakin wani sinadari mai suna asetilkolin. Da zarar saƙon ya isa, wani sinadarin da ake kira asetilkolinestares yana wargaza na farkon cikin lokacin da bai kai ƙiftawar ido ba. Ka ɗauka kamar mai ban-ruwa ne a lambu, wanda zai buɗe wa fangali ruwa, idan ya ƙoshi ya toshe. Magungunan ƙwari na dangin oganofosfet, da 'yan'uwansu na dangin kabamet, ɗaure hannun mai toshewar suke yi, sai asetilkolin ya yi ta taruwa har ya zama ambaliya a ko'ina cikin jiki. Wannan ambaliyar ita ce kolinajik kiraisis. Daga nan ne miyau da hawaye da zufa da amai da gudawa da sakin fitsari suke fitowa, ƙwayar ido ta tsuke, bugun zuciya sau da yawa ya ragu, tsoka ta fara rawa sannan ta mutu murus, ƙwaƙwalwa kuma ta rikice har ta kai ga jijjiga ko suma. Oganofosfet dangi ɗaya ne da gubar yaƙi ta sarin, wadda aka watsa a jirgin ƙasa na ƙarƙashin birnin Tokyo a 1995. Bambancinsu na ƙarfi ne, hanyar aikinsu kuwa ɗaya ce.

Mafi yawan waɗanda suke rasuwa ta numfashi suke tafiya, kuma ta fuska uku ake kai wa numfashin hari a lokaci guda: hanyoyin iska suna tsukewa su cika da ruwa, wanda shi ne ƙarar talgen da ka ji, tsokokin da ke ɗaga ƙirji suna raunana, sannan sashen ƙwaƙwalwa da ke kula da numfashi yana iya yin sanyi. Shi ya sa muke ɗaukar abin a matsayin na minti-minti.

Allurar da ka ga ana yi masa atirofin ce. Tana tare ƙofofin da asetilkolin ke bugawa a huhu da zuciya da hanji, sai ƙirji ya bushe, zuciya ta dawo da gudunta. Ba a auna ta da tsayayyen adadi. Ga babban mutum akan fara da miligiram 1 zuwa 3 ta jijiya, idan bayan minti biyar ƙirji bai washe ba a ninka, a ci gaba da ninkawa har sai an daina jin ruwa a huhu, bugun zuciya ya haura 80 a minti, hawan jini ya daidaita, hammata ta bushe. Yi lissafi da kanka, Malam: 2 da 4 da 8 da 16 sun ba da miligiram 30, alhali ƙaramar kwalba ɗaya miligiram 1 take ɗauka ko ma ƙasa da haka. Kwalabe 30 ba abin mamaki ba ne, akwai waɗanda ke buƙatar ninkin haka sau da yawa. Sambatun da ya yi da dare yana iya kasancewa daga gubar, yana kuma iya kasancewa alamar atirofin ya ɗan yi yawa, domin dangin sinadarin da ke cikin zaƙami ne, kuma ka san yadda wanda ya sha zaƙami yake yi. Idan haka ne, ragewa kawai ake yi. Kada wani ya ji wannan ya ce zai yi maganin guba da zaƙami a gida, domin guba biyu zai haɗa wa mutum.

Akwai magani na biyu, firalidokzim, wanda ke ƙoƙarin kwance sinadarin da aka ɗaure idan an ba da shi da wuri, sai dai ba ko'ina ake samunsa ba, kuma likitoci suna da saɓani kan girman amfaninsa. Idan akwai jijjiga ana ba da diyazefam.

Batun sallama kuwa, ina roƙonka ka lallashi Mama. Atirofin ba ya gyara raunin tsoka. A 1987 wasu likitoci a Siri Lanka suka bayyana wani mataki da ke biyo baya tsakanin awa 24 zuwa 96, bayan an ga kamar mutum ya warke: wuya da kafaɗu da cinyoyi su yi rauni, sannan tsokokin numfashi su bi. Mutum yana cikin hayyacinsa, yana magana, numfashi ya gagare shi. A asibiti ana iya riƙe shi da na'urar numfashi har ƙarfin ya dawo, abin da kan ɗauki mako ɗaya zuwa uku, amma idan a ɗakinsa na gida ya same shi da tsakar dare, babu abin da za ku iya yi masa. Gwajin da muke yi mai sauƙi ne: yana kwance rigingine, a ce ya ɗaga kansa daga matashi ya riƙe. Ranar da ya kasa, a sanar da ma'aikata nan take. Ka kuma tambayi likitansa tun yanzu ko suna da na'urar numfashi, idan babu, su tsara yadda za a kai shi inda take, kamar Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina, tun yana iya numfashi da kansa, domin tafiyar kusan kilomita 80 ce daga Daura.

Ma'aikaciyar Jinya

Sannu da jinya, Malam. Likita ya yi bayanin ciki, ni kuma zan tsaya a kan abin da ke hannun mutanen gida kafin a iso wurinmu, domin a nan ne aka fi yin asara.

Awa ɗayan da kuka ɓata, rigar da ta jiƙe da magani tana jikinsa, wato gubar tana ci gaba da shiga ta fata. Abu na farko shi ne a janye mutum daga wurin zuwa sarari, a cire masa tufafi gaba ɗaya, a wanke shi da ruwa mai yawa da sabulu, har gashin kai da ƙarƙashin farce, idan ya shiga ido a yi ta zuba ruwa mai tsabta. Mai wankewar ya sa safar hannu, idan babu ya ɗaura leda, domin mu kanmu idan muka taɓa aman irin wannan majinyaci da hannu tsirara mukan ji a jikinmu. Amma kada wanka ya zama dalilin jinkiri: wani yana wanke shi, wani yana neman mota. A cikin motar a kwantar da shi ta gefe, fuska ta ɗan kalli ƙasa, domin miyau da amai su zubo waje, a buɗe tagogi. A ɗauko kwalbar maganin a cikin leda, ko a ɗauki hoton takardar jikinta da waya. Takalmin fata da bel da duk wani abin fata da maganin ya jiƙa ba sa wankuwa, rabuwa da su ake yi.

Ka ce a gaya maka gaskiya game da madara da manja. Ba sa kashe guba. A wurin ƙanenka ma, da yake mafi yawan maganin ta fata ya shiga, abin da aka zuba a cikinsa ba shi da hanyar haɗuwa da shi. Haɗarin kuwa babba ne, domin mutumin da maƙogwaronsa ya cika da miyau, hankalinsa kuma yana gushewa, idan aka ɗura masa abu ƙwarewa yake yi, ya tafi huhu, a wayi gari ana fama da ciwon huhu a kan guba. Haka nan sa yatsa a maƙogwaro ko ba da ruwan gishiri don a jawo amai, domin yawancin waɗannan magunguna an narka su ne a cikin wani mai dangin kananzir, wanda idan ya shiga huhu yana ƙona shi. Ba don in ɗora muku laifi na faɗa ba, kusan kowane gida haka suke yi, da kyakkyawar niyya.

Waɗanda suka fi ba ni tausayi yara ne. An zuba fiya-fiya a robar lemo an ajiye a ƙarƙashin gado don sauro ko kuɗin cizo, yaro ya gani ya kafa kai. Wasu matan kuma suna shafa shi a kai don ƙwarƙwata su ɗaure da ɗankwali su kwana. A jikin ƙaramin yaro ba lallai a ga miyau da zufa sosai ba, sau da yawa sai dai a ga ya yi laƙwas, yana barcin da ba a iya tashinsa, ko yana jijjiga. Akwai kuma wanda ƙuncin rayuwa ya sa ya sha da gangan. Kada kunya ta sa a ɓoye wa likita, a ce ba a san abin da ya faru ba. A faɗi abin da ya sha da lokacin da ya sha, kuma bayan ya tashi a nema masa mai sauraronsa da likitan da ke kula da damuwa, maimakon a rufe shi da faɗa.

Dattijo Manomi, Mashi

Allah ya ƙara wa yaro lafiya. Ni dai ban yi karatun asibiti ba, amma na fi shekara 20 ina feshi da hannuna, kuma duk ranar da na gama sai na sha nono mai yawa, haka muka ga na gaba da mu suna yi. Ban taɓa faɗuwa ba, iyaka dai kai ya yi ciwo, ido ya yi duhu, zuwa washegari ya wuce. Yanzu ana so a ce mana duk wannan banza muke yi?

Malamin Gona

Baba, Allah ya ƙara girma. Nono abinci ne mai kyau, wanda ya wuni a rana yana buƙatarsa, amma ciwon kan nan da duhun idon da kake ji alama ce cewa maganin ya shiga jikinka, ƙaramin mataki ne na abin da ya kayar da wannan matashi. Jikinka ne yake sake ƙera sinadarin da aka ɗaure a hankali, kuma wanda ya jera kwanaki yana feshi kafin jikin ya gama farfaɗowa yana iya faɗuwa a ranar da bai yi wani abu dabam da na kullum ba. Mai yiwuwa kuma ba duk abin da ka fesa a shekarun nan ne na wannan dangin ba.

Wannan bambancin yana da muhimmanci ga likita, shi ya sa ake ta nanata a kai kwalba. Diklobos, wanda ake rubutawa DDVP, shi ne ke cikin Sniper da mafi yawan fiya-fiya, kuma oganofosfet ne, haka kulofirifos da dimetowet. Saifametirin da ake yawan fesa wa wake ba danginsu ba ne, sai dai akwai kwalaben da aka haɗa shi da dimetowet a ciki. Maganin ciyawa na farakwat da ƙwayar Phostoxin da ake jefawa a buhun hatsi guba ne masu kisa, amma ta wata hanya dabam suke aiki, atirofin ba maganinsu ba ne. A ƙasan takardar kwalba akwai zanen launi: ja shi ne mafi haɗari, sai rawaya, sai shuɗi, sai kore. Wanda ya sayi magani da aka ɗura masa a robar da ba ta da suna ya raba kansa da duk wannan bayani.

Yanzu da kaka ta matso, damuwata ta fi karkata ga ajiyar wake. A 2015 Tarayyar Turai ta dakatar da shigar da busasshen wake daga Nijeriya saboda yawan diklobos da aka samu a cikinsa, a 2019 kuma hukumar NAFDAC ta hana tallan maganin da sayar da shi a buɗaɗɗun kasuwanni, amma duk wanda ke shiga kasuwar ƙauye ya san bai ɓace ba. Buhun PICS mai ruɓi uku, leda biyu a ciki da buhu a waje, yana kashe ƙwarin wake ta hanyar hana su iska ba tare da ɗigon magani ba, muddin waken ya bushe sosai kuma an ɗaure kowane ruɓi dabam. Ga mai feshi kuma, ya fita da sassafe ko da yamma, ya ba iska baya, ya gwada tankinsa da ruwa zalla kafin ya zuba magani, idan bakin famfo ya toshe ya sa tsinken ciyawa.

'Yar Kofar Marusa

Ku gafarce ni in shigo da tawa. Mahaifiyata tana da ciwon raunin tsoka da ake kira mayasteniya girabis, tana shan Mestinon, kuma a takardar maganin na ga an ambaci wannan kolinajik kiraisis. Ita ba ta taɓa maganin ƙwari. Idan ta ji jikinta ya yi rauni takan ƙara ƙwaya ɗaya da kanta. Shin akwai haɗari a haka?

Mai Haɗa Magunguna, Katsina

Akwai, 'yar'uwa, kuma ya kamata Hajiya ta daina ƙara ƙwayar da kanta daga yau. A ciwonta, garkuwar jiki ce take lalata ƙofofin da asetilkolin ke shiga tsoka, don haka ake ba ta firidostigimin, wato Mestinon, ya ɗan riƙe sinadarin da ke wargaza asetilkolin na 'yan awoyi, saƙo ya samu ya isa. Aikin da maganin ƙwari ke yi ne, amma a bisa awo kuma na ɗan lokaci. Asalin wannan dangin magani ma daga ƙasar nan yake, daga wani wake mai guba na yankin Kalaba aka fitar da fisostigimin a 1864, kuma a 1934 wata likita a Landan, Mary Walker, ta nuna yana ƙarfafa masu irin ciwon Hajiya.

Matsalar ita ce, idan maganin ya yi yawa, tsokar da aka cika da saƙo tana daina amsawa, sai rauni ya ƙaru, majinyaci ya ɗauka maganin ne ya yi kaɗan ya sake ƙarawa. Abin da ke nuna maganin ya yi yawa shi ne murɗar ciki da gudawa da yawan miyau da zufa da rawar tsoka da tsukewar ƙwayar ido. Duk da haka, a wurin masu wannan ciwo an fi samun tashin ciwon kansa fiye da yawan magani, kuma abin da kan tayar da shi zazzaɓi ne ko ciwon ƙirji ko tiyata ko haihuwa, ko wasu magunguna irin su jentamaisin da sifirofuloksasin da kwinin da kulorokwin. Rarrabe biyun ba aikin gida ba ne, kuma matakin farko ɗaya ne: idan haɗiya ta yi wuya, ko murya ta koma ta hanci, ko ta kasa ƙirga ɗaya zuwa 20 da numfashi guda, ko ta kasa kwanciya rigingine, a kai ta asibiti a lokacin, tare da kwalin maganin da bayanin ƙwaya nawa ta sha da ƙarfe nawa. Duk kemis ɗin da za ku shiga, ku fara ambata ciwonta kafin a ba ta komai.

Malamin Firamare, Daura

Na gode muku duka, Allah ya saka da alheri. Na koma gona na samo kwalbar a gindin bishiyar da ya haɗa maganin, kuma kamar yadda Malamin Gona ya ambata, haɗin saifametirin da dimetowet ne. Na karanta wa Mama bayanin Likita, ta haƙura da maganar sallama.

Jiya da safe, kwana na uku ke nan, na ce ya ɗaga kansa daga matashi, ya ɗaga da kyar ya sake shi, da la'asar kuma ya kasa gaba ɗaya, furar da yake nema ma ta fara ƙware shi. Na gaya wa ma'aikaciyar da ke bakin aiki, ta kira likita, kafin magariba aka sa mu a motar asibiti da tukunyar oksijin zuwa Katsina. Yanzu yana sashen kulawa ta musamman, an sa masa na'urar numfashi tun cikin dare, yana gane mu, yana amsa magana da ƙifta ido. Likitansa ya ce mu shirya wa zaman kwanaki, kuma ko bayan an sallame shi kada ya kusanci feshi sai bayan makonni da yawa, sai sun duba shi sun ba da izini.

Rigar da takalmansa na fata na ƙulle su a leda biyu na binne nesa da rijiya. Malamin Gona, tankin yana nan a zaure da ragowar magani kusan rabi a cikinsa, na hana yara shiga wurin. Ina so ka gaya mini yadda zan yi da shi.